Ranar da ba ta cikin mako

Yau maganar kalanda ce, amma kalandar mutanen da ba a taɓa halittarsu ba.

J.R.R. Tolkien, malamin harshe a jami'ar Oxford ta Ingila, da ya kai ƙarshen labarin The Lord of the Rings bai ajiye alƙalami ba. A bayan juzu'i na uku, wanda ya fito a 1955, ya yi dogon rataye, a ciki har da lissafin kwanan wata na Hobbit, gajerun mutanen nan masu son ci da zuƙar lofe da ke zaune a ƙasar Shire. Masu karatu da yawa tsallake shafukan suke yi. Ni kuwa a ganina nan ne gwanintar mutumin ta fi fitowa.

Shekarar Hobbit wata 12 ce, kowane wata kwana 30 cif, ya kama 360. Ragowar kwana biyar ba sa cikin kowane wata, na shagali ne: biyu a tsakiyar sanyi inda tsohuwar shekara ke miƙa wa sabuwa, ana ce musu Yule, uku kuma a tsakiyar shekara, ana ce musu Lithe. Duk shekara huɗu a ƙara guda. Wannan kam ba baƙon abu ba ne. Haka Misirawan dauri suke lissafi, kuma har gobe Habasha suna da ɗan guntun wata na 13, Pagume, mai kwana biyar ko shida.

Ga inda dabarar take. Ranar tsakiya cikin ukun nan na Lithe ba ta cikin mako. Ka wuni Juma'a, ka kwanta, ka wayi gari a ranar da ba Asabar ba, ba Lahadi ba, ba ta da suna cikin ranakun mako ko kaɗan, sai kashegari Asabar ta iso. Da aka zare ta sai aka bar kwana 364, mako 52 ke nan babu rara. Saboda haka kullum shekara da Asabar take kamawa, da Juma'a take fita. Bilbo da Frodo, Hobbit biyu na labarin, da aka haifa ran 22 ga watan tara, bikinsu Alhamis ne bana, Alhamis ne baɗi, har illa masha Allahu. Babu mai sayen sabuwar kalanda. Kuma da yake babu watan da ke farawa da Juma'a, in Hobbit ya ce zai biya ka bashi ran Juma'a ɗaya ga wata, to ka haƙura da kuɗinka.

Tsari mai kyau haka, me ya hana duniya ɗauka? Ai an gwada. Wata Ba'amurkiya, Elisabeth Achelis, ta kafa ƙungiya a 1930 tana tallata kalanda mai irin wannan rana marar suna, maganar har ta kai Majalisar Ɗinkin Duniya. Masu addini suka ce ba da su ba, a 1955 gwamnatin Amurka ta ce ba ta goyon baya, aka shashantar da batun. Tun kafin nan Faransawa bayan juyin juya hali sun mai da mako kwana goma a 1793, Napoleon ya soke kalandar tasu daga farkon 1806.

Ku ɗan kwatanta abin a garinmu. An saka rana marar suna bayan Juma'a. Shin Juma'a mai zuwa bayan kwana bakwai za a hau masallaci, ko bayan takwas? In liman ya bi ƙirgen bakwai, mako ɗaya kawai za a yi a ga ana sallar Juma'a ranar da kalanda ta ce Alhamis. Fataken shanu da suka saba Maigatari ran Alhamis, Wudil ran Juma'a, wane lissafi za su bi? Yarinyar da aka haifa a wannan rana fa, Jummai ce ko Asabe? Abin ya zauna wa Hobbit ne don a duk labarin ba su da masallaci, ba su da coci, babu ibadar da aka ɗaure da kwana bakwai. Tolkien kuwa Katolika ne mai riƙo, ya san nauyin Lahadi sarai. Ya dai duba halin mutanen da ya ƙaga, masu son tsari da ƙin wahala, ya ɗinka musu kalanda daidai wuyansu. Jinsin Elf da ba sa tsufa kuwa sai ya ba su awo mai suna yén, shekara 144 tamu, don wanda ba ya mutuwa ba ya ƙirga kwana da gaggawa.

Abin da ke damuna da labaranmu na jarumta da sihiri ke nan. Marubuci zai gina birni mai ganuwa bakwai, ya cika shi da matsafa da aljanu, ya ce tun kafin zuwan Musulunci aka yi abin, sai kuma ka ji sarki ya sa ranar yaƙi Laraba. Wa ya kawo musu Laraba? Alhali kayan aikin na nan a hannunmu. Malamanmu na lissafin damina suna raba shekara taurari 28, kowane kwana 13, guda ɗaya ya ɗauki 14, ya cika 365 ba tare da an taɓa mako ba. Ga bazara, damina, kaka da hunturu. Ga garuruwan da za su iya ƙirga kwana da zagayen kasuwa kaɗai.

Marubutanmu, don Allah kafin ku ba jarumi takobi, ku fara yanke shawarar yadda garinsu ke sanin ranar shuka da ranar biyan haraji. Wanda ya taɓa cin karo da littafin Hausa da ya yi haka, ya faɗa mini sunansa, zan nema in saya.