Shinkafa Mai Dauɗa



Hausawa na cewa suna linzami ne. Duk wanda ya ji an ce "shinkafa mai dauɗa" zai ɗauka zagi ne, ko kuwa habaici ake yi wa wata ƙazamar mace. To amma wallahi akwai abinci mai wannan suna, masu shi ne suka raɗa masa da bakinsu, kuma har gobe suna alfahari da shi. A ƙasar Amurka yake, a wata jiha ta kudu da ake kira Luwiziyana, inda kogin Misisipi yake faɗawa teku. Ɗan yayata mai karatu a Jami'ar Usmanu Danfodiyo ne ya nuna mini yadda ake dafa ta a wayarsa. Da na duba da kyau sai na ga babu wata dauɗa. Hantar kaza ce da ƙundu ake yankawa ƙanana ƙanana, a soya da niƙaƙƙen nama da albasa da koren tattasai da barkono, sannan a juye farar shinkafa a ciki. Hantar nan ita ke rina shinkafar ta koma ruwan ƙasa, daga nan sunan ya samo asali.

Abin da ya fi kama mini hankali shi ne tarihinta. Faransawa sun kafa birnin New Orleans a shekarar 1718. A 1719 jiragen farko masu ɗauke da bayi daga Afirka suka iso, kuma an umarci masu jiragen su zo da irin shinkafa, su kuma zo da bayin da suka san nomanta. Daga baya akasarin waɗanda aka kai can a zamanin Faransawa daga yankin Senegal aka kwaso su. Ba abin mamaki ba ne, domin mutanen Afirka ta Yamma sun kusa shekara 3000 suna noman tasu shinkafar, wadda ta faro daga fadamun kogin Neja a ƙasar Mali ta yau, dangin jar shinkafar da muka tashi muka ga iyayenmu suna ci. Masu bin tarihin abinci suna cewa idan an yanka dabba a gidan ubangida, tsoka tasa ce, kayan ciki kuwa na bayi. Su kuma ba su zauna suna kuka ba, sai suka haɗa abin da aka raina da abin da suka iya, suka fitar da abincin da yau ake sayarwa a manyan gidajen abinci. Jikokinsu da suka cuɗanya da Faransawa da Sifaniyawa, waɗanda ake kira Kiriyol, suna cikin masu riƙe da wannan girki.

Ya ke mai karatu, ashe wannan ba tukunyarmu ba ce? Ni a Kajiji na tashi, kan titin da ya baro Sakkwato ya ratsa Bodinga da Shagari ya miƙe Tambuwal da Jega. Tun muna yara mun san cewa ranar Babbar Sallah ba tsoka ake fara ci ba. Ragon yana can an tsire shi a itace gefen wuta, abin da muke ce wa tareni, sai ya kwana. Abin da ke fara shiga bakin mai gida da yara shi ne hanta da ƙoda da zuciya. Innarmu, Allah ya jiƙanta, takan naɗe hanji da tumbi ta soya, abin da ya rage a gindin tukunya kuma ba ta yarda a wanke ba, a ciki take juye shinkafar dare. Ba ta taɓa jin sunan Luwiziyana ba, amma abin da take yi ke nan. Ko a maganarmu ma hanta ba abar rainawa ba ce. Idan mutum biyu sun shaƙu sai mu ce sun zama hanta da jini, idan tsoro ya kama mutum sai mu ce hantarsa ta kaɗa. Ga shi kuma likitoci suna shawartar mai ƙarancin jini da ya riƙa cin ta.

Ga yadda nake yin tawa, ga mai bukata.

Da sassafe ake aikawa wurin mahauci, domin kayan ciki ba sa jira, musamman a zafin garinmu. Nakan sa a sayo rabin hantar akuya, da ƙoda, da zuciya, da ɗan tumbi. Idan akwai ƙundun kaza ko na zabo, to madalla. A duba a cire matsarmama a hankali, don idan ta fashe ta ɓata aikin gaba ɗaya. Tumbi da ƙundu da zuciya su ake fara tafasawa da albasa da citta da gishiri har su yi laushi, a ajiye romon gefe guda, shi ne ran girkin. Hanta kuwa ba a tafasa ta, ɗanyarta ake yankawa mitsi-mitsi, saboda idan ta daɗe a wuta takan ƙandare ta yi ɗaci.

Su mutanen can suna sa abin da suke kira sosej, wato niƙaƙƙen nama da kitse da yaji da aka ɗura cikin hanji aka kyafe. Nasu galibi na alade ne, wannan kam ba namu ba ne. Ni sai in ce mahauci ya daddatsa mini ɗan jan nama da kitse, in cuɗa shi da tafarnuwa da masoro da kanumfari da tonka, wato barkono, in wanke hanji ciki da waje har sai ruwan ya fita fes, in ɗura da mazurari, in ƙulle bakin da zare. Sai in tafasa shi, in ɗora bisa garwashi ya sha hayaƙi, sannan in yanka shi ƙwaya-ƙwaya.

Shinkafa gwangwani huɗu ta ishi gida matsakaici. 'Yar gida nake amfani da ita, a rege ta sarai a fitar da tsakuwa, a dafa ta daban da rabin romon nan, a sauke tun da ɗan sauranta. Sannan a ɗora mai, a soya hanjin nan da aka ɗura har kitsensa ya fito, a zuba hanta da sauran kayan cikin da aka yanka. A nan sirrin yake, 'yar uwa. Kada ki yi ta juyawa. Ki bari ya ɗan kama gindin tukunya ya yi ja, ba baƙi ba. Sai ki kawo albasa mai yawa da tattasai da tarugu da 'yar daddawa, ki zuba sauran romon, ki kankare abin da ya kama da muciya. Wannan ruwan shi ke ba shinkafa launi da ɗanɗano. Ki juye shinkafar, ki rage wuta, ki rufe ta turara. Da za a sauke sai a watsa yankakken lawashi.

To me ya sa na ɗauki alƙalami a kan shinkafa, alhali duniya cike take da manyan maganganu? Dalili shi ne bashi.

Tun da aka rufe iyakokin ƙasa a watan Agusta na 2019 shinkafa 'yar waje ta fara fin ƙarfin talaka, da aka cire tallafin man fetur a watan Mayu na 2023 kuwa sai komai ya bi ta. A ƙarshen wannan shekara ta 2023 ne dangin mijin 'yata suka aiko daga Bodinga cewa za su zo gaisuwa, mata bakwai. Gwaggon maigidana, wadda muke zaune gida ɗaya, ta kira ni ɗakinta.

Ta ce, "Ke ɗiyata, mi kika shirin dahwa musu?"

Na durƙusa na ce, "Gwaggo, shinkafa ce da kayan ciki."

Ta riƙe haɓa. "Kayan ciki? Ga surukai? Ai tuwon girma miyatai nama. Tahi ki ranto kuɗɗi ki sawo kaji biyu da 'yar gwamnati, kada ki jawo muna magana cikin dangi."

Na ce, "Allah ya ba ki haƙuri, Gwaggo. Idan na ranto, da me zan biya? Kuɗin makarantar yara na nan tafe."

Ta kawar da kai ta ce, "Ke kin sani."

Ban ga laifinta ba, har ga Allah. Ita ta tashi a zamanin da ake kayar da rago saboda baƙo guda, kuma gaskiyarta ne cewa karrama suruki wajibi ne. Inda muka rabu shi ne a kan mene ne karramawar. Na san mata a unguwarmu waɗanda kwasar adashinsu ba ta taɓa shiga hannunsu ba, tun kafin ta zo an cinye ta a kajin fita kunya. Baƙi su ci su tafi cikin awa biyu, mai gida ta yi wata uku tana ɓuya idan ta ji sallamar mai bin bashi. Wannan ba mutunci ba ne, aron riga ne.

Ranar na tashi tun asuba. Wankin hanji da ɗuri da yanka sun ci mini fiye da awa uku, aikin da ko rabinsa soya kaza ba ya ci. Baƙi suka zo, aka shimfiɗa tabarmi, aka kai musu da zoɓo mai sanyi. Babbarsu, wata dattijuwa mai yawan shiru, da ta gama sai ta ce, "Uwar ɗiyarmu, in akwai ƙanzo a kawo min." Gwaggo ba ta ce uffan ba, har yau kuma ba ta taɓa cewa abin ya yi daɗi ba. Sai dai duk ranar da ƙamshin ya tashi, zan ga jikanta a bakin madafa da kwano, wai an ce a sa mata kaɗan ta ga ko gishiri ya ji.

Ba ina cewa a daina yanka kaza ba ne. Wanda Allah ya hore wa ya yanka goma, baƙonsa ya ci ya gode. Abin da nake cewa shi ne daidai ruwa daidai tsaki. Waɗancan bayin Allah da aka raba da ƙasarsu, aka hana su ko da 'yancin kansu, ba su ji kunyar abin da ke tukunyarsu ba, suka inganta shi har ya zama abin tinƙahon jikokinsu. Mu da muke cikin garinmu, shinkafar fadamarmu ce, akuyar turkenmu ce, albasar ƙasarmu ce, don me za mu riƙa sunkuyar da kai? Guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni.

Saboda haka 'yar uwa, idan baƙi sun yi miki sallama kuma aljihu ya yi sanyi, kada hantarki ta kaɗa. Ki wanke abin da kike da shi da kyau, ki dafa shi ya nuna sosai, ki zuba a kwano mai tsabta, ki kai da fara'a, domin shimfiɗar fuska ta fi ta tabarma. Ku kuma iyayenmu da surukanmu, don Allah ku sassauta wa 'ya'yanku, kada ku tura su ga bashi saboda gudun bakin mutane, bakin da ba ya taya kowa biya.

Allah ya rufa mana asiri, ya sa albarka a ɗan abin da muke da shi, ya kuma raba mu da bashin da ba na dole ba, amin. Wassalam.