Kafin ka goge komai a katin memorin PS2 ɗinka

Yau zan ɗan ajiye maganar waya, duk da ita ce sana'ata, mu taɓa tsohuwar PlayStation 2. Har yanzu akwai gidajen gem a unguwanninmu da ita suke ci da ita suke sha, kuma da ta samu matsala wurinmu masu gyaran waya ake kawo ta, tunda mu ke da sukundireba da mita.

Mu da muka saba da waya muna da wata ɗabi'a. Waya ta yi nauyi, a yi mata fomat. Ta ƙi tashi, a yi mata filashin. Hakan yana tafiya ne saboda lambobinka suna kan asusun Google, hirarrakin WhatsApp ma in ka yi ajiya za su dawo. To wannan ɗabi'ar mutane suka ɗauko suka ɗora wa PS2, kuma a nan ake tafka asara. Kamfanin Sony ya fitar da ita a Japan a watan Maris na 2000, ya daina ƙera ta a farkon 2013 bayan an sayar da sama da miliyan 155. Na'ura ce ta zamanin da babu asusu, babu ajiya a intanet. Duk wahalar da ka sha a gem, kofin da ka ci, matakin da ka kwana uku kafin ka wuce, suna cikin ɗan katin nan mai megabayit 8 da ke maƙale a gaba. Ita na'urar kanta ba ta riƙe komai sai agogo, yare da saitin hoto. Maɓallin da aka rubuta wa RESET ma sake kunna ta kawai yake yi, ba ya goge ko ƙwayar zarra.

Saboda haka in kana so ka faro wani gem daga farko, fayil ɗaya kake nema, ba katin gaba ɗaya ba. Ga yadda ake yi. Cire faifai, ka kunna na'urar. Za ka ga rubutu biyu, Browser da System Configuration. Shiga Browser, ka zaɓi hoton katin, za ka ga ajiyar kowane gem da ɗan hotonta yana juyawa. Hau kan wadda kake so ka danna X, za a ba ka zaɓi biyu, Copy da Delete. In na'urarka 'yar Japan ce, da'ira ce ke shiga, X kuma ya dawo da kai baya, kar abin ya ruɗe ka. Kafin ka taɓa Delete, sa wani katin a rami na biyu ka yi Copy tukuna. Abin da ka goge ta nan ya tafi ke nan, babu kwandon shara kamar na hotunan waya.

Sau da yawa ma ba sai ka goge ba. GTA San Andreas yana da gurbin ajiya har 8. Ka shiga New Game, in ka zo ajiyewa ka zaɓi gurbin da babu komai, tsohuwar tana nan ba abin da ya same ta. Amma a wannan gem ɗin akwai inda komawa baya ya zama dole. In ka sa lambar maguɗin nan da ke sa mutanen gari su yi ta faɗa da juna, sannan ka yi ajiya a kai, ba ta fita. Can gaba a Las Venturas, aikin da za ka tare Madd Dogg da mota in ya faɗo daga saman bene, zai riƙa faɗowa tun kafin ka iso, kuma ba za ka taɓa wucewa ba. Yara da yawa sun kawo min na'ura suna cewa faifan ne ya lalace, alhali lafiyarsa ƙalau. Maganin shi ne tsohuwar ajiya ta kafin maguɗin, in babu sai dai a faro daga farko.

A PES kuma fayil iri biyu ne, kuma nan ake yawan kuskure. Akwai na Master League, shi ne ƙungiyarka da kuɗinka da kakar da ka kai. Akwai kuma Option File, wanda ke riƙe da sunayen 'yan wasa da aka gyara, riguna, sauye-sauyen ƙungiya da abin da ka saya a shagon cikin gem. Mai son sabuwar Master League ya goge ta farkon kawai. In ka goge Option File za ka wayi gari ka ga sunaye sun koma na bogi, aikin da wani ya zauna ya yi sati yana shigarwa da hannu ya bi ruwa.

Yanzu ga wurin da ya fi haɗari. Yawancin PS2 da ke gidajen gem ba faifai suke ci ba, daga filash suke ɗauko wasa ta wata manhaja mai suna OPL, ita kuma sau da yawa daga cikin katin memorin take tashi, ko ta Free McBoot ko ta cif ɗin da aka dasa a fanel. Browser na PS2 duk jakar da ya gani babu ɗan hotonta, sai ya nuna ta da sunan Corrupted Data, wato wai ta lalace. Wani lokacin da gaske ajiya ce ta lalace. Wani lokacin kuwa fayilolin manhajar ne, lafiyarsu lau.

Akwai wani yayanmu mai gidan gem a bayan layin shagonmu, talabijin huɗu gare shi. Ɗaya daga cikin na'urorinsa ta fara daskarewa, sai ya kai wa wani mai gyara. Shi kuma da ya ga Corrupted Data sai ya bi ya share katin tas, ya ce ƙwayar cuta ce. Da aka kawo min ko filash ba ta gani. Ya ce, "Injiniya, don Allah duba min, kwana uku ke nan talabijin ɗaya a kashe." Na ce, "Yaya, manhajar zan iya mayar maka yanzun nan daga wani katin. Amma akwai inda ka taɓa kwafe ajiyar yaran?" Ya yi shiru. Ashe a katin ne samarin layin suke da Master League da suka kai kaka ta shida, kullum bayan isha'i suke haɗuwa su biya su buga. Na'urar ta tashi a ranar, daskarewar ma ashe ƙura ce ta toshe fanka. Amma samarin da suka zo suka ga babu ƙungiyarsu, wasunsu gidan gem na gaba suka koma. Ciniki ne na kowane dare ya tafi saboda danna maɓalli ɗaya.

Ga yadda za ka kare kanka, kuma wayar da ke hannunka ma za ta taimaka. In katinka yana da Free McBoot, galibi akwai uLaunchELF a ciki. Shiga FileBrowser, za ka ga mc0, shi ne katin rami na farko, mc1 na rami na biyu, mass kuma filash ɗinka. Hau kan jakar ajiyar a mc0, danna R1 ka zaɓi Copy, ka koma mass ka sake danna R1 ka zaɓi psuPaste. Daga nan ka cire filash ɗin ka haɗa da waya ta OTG, ka kwafe, ka ɗora a Google Drive. In kuma OPL ɗinka an saita shi da katin bogi na cikin filash, ajiyar tana cikin jaka mai suna VMC. Duk ranar da za ka kai filash a zuba maka sababbin wasanni, kwafe wannan jakar tukuna, don masu zubawa da yawa da fomat suke farawa.

Wani abin da ke sa mutum ya zaci ajiyarsa ta ɓace shi ne bambancin yanki. In ka duba sunayen jakunkunan a uLaunchELF, na gem ɗin Amurka galibi suna farawa da BASLUS, na Turai kuma galibi da BESLES. In ka yi ajiya da bugun Amurka, aka sauya maka da bugun Turai na wannan gem ɗin dai, ba zai gan ta ba ko da tana nan. Nemo irin na farkon, za ta fito. Haka kuma gem ɗin PS1 ba ya ajiya a katin PS2, sai an samo masa nasa.

Lalacewar ajiya ta gaske kuwa, yawanci abu biyu ke kawo ta: zare kati ana cikin ajiyewa, ko ɗaukewar wuta a daidai lokacin. In ka ji janareta ya fara tari, kar ka danna ajiya. Katunan nan masu 64 ko 128 da ba na Sony ba su ma sun fi saurin cin amana, wasu wasannin ma ba sa ganinsu. Na asali mai 8 da aka rubuta wa MagicGate ya fi kwanciyar hankali. In na'ura ta ce ba ta ga kati ba, goge haƙoransa da auduga da sifirit ɗin da muke wanke fanel da shi, ka gwada a ɗaya ramin kafin ka yanke masa hukunci.

Sauran matsalolin babu wadda gogewa ke magancewa. In ta ƙi karanta faifai, fara da goge faifan daga tsakiya zuwa baki, sannan idon na'urar da abin goge kunne da ɗigon sifirit, a hankali. Gwada faifan waƙa na CD, ka gwada na DVD. In tana cin ɗaya tana ƙin ɗaya, idon ne ya fara gajiya, don kowanne da hasken da ke karanta shi. Akwai ƙananan sukurori a jikin idon da wasu ke murɗawa su ƙara masa ƙarfi. In ba ka da mita kar ka taɓa, za ta yi maka aiki na ɗan lokaci sannan idon ya ƙone gaba ɗaya. A siririyar da ta fito 2004, duba ƙananan maɓallan da ke shaida mata an rufe murfi, in ɗaya ya maƙale faifan ko juyawa ba zai yi ba. In kuma ka ga zagayayyen karce a faifanka, igiyar idon ce ta ɗago tana gogarsa, a manne ta tun kafin ta cinye maka faifai duka.

Maganar wuta ita ce ta fi kashe su. Juya na'urar ka karanta lambar da ta fara da SCPH. In ta ƙare da 0 ta Japan ce, 1 ta Amurka, 3 ta Ingila, 4 ta sauran Turai. Babbar PS2 ta Japan bolt 100 take sha, ta Amurka 120, mu kuwa wutarmu 230 ce. Ka soka ta kai tsaye, sai dai ka ji ƙauri. Dole sai da tiransifoma mai rage wuta. Siririya mai adafta a waje kuma bolt 8.5 take so, cajar laftof mai 19 ko bakinta ya shiga kar ka gwada.

In hoto ya fito fari da baƙi, yawanci gem ɗin NTSC ne talabijin ɗin kuma PAL kaɗai ya sani. In ka sa wayar nan mai kai biyar ko ɗan akwatin HDMI ka ga babu hoto, mayar da wayar mai kan rawaya, ka shiga System Configuration, ka sauya Component Video Out daga RGB zuwa Y Cb/Pb Cr/Pr. In agogo yana komawa shekarar 2000 duk sanda aka cire wuta, batirin CR2032 na kan fanel ne ya mutu, kuma canza shi ba ya taɓa ajiyarka ko kaɗan.

Ga 'yan uwana masu gyara, ni dai yanzu duk PS2 da aka ajiye min a tebur, katin nake fara zarewa in miƙa wa mai shi, ko in kwafe shi a gabansa, sannan in ɗauki sukundireba. Na'urar in ta mutu akwai ta gwanjo a kasuwa, ido da fanka da adafta duk ana samu. Ajiyar ce ba a sayarwa a ko'ina.

Wanda tasa ke ba shi matsala ya rubuto lambar SCPH ɗinta a ƙasa, da abin da take nunawa a allo, da ko faifai take ci ko filash. In sha Allahu zan bi in amsa bayan na tashi daga shago.