Baturen Da Ya Iya Tambaya

Ina so in ba 'yan'uwana malamai da ɗalibai labarin wani Bature, Michael Palin, wanda aka haifa a garin Sheffield na ƙasar Ingila cikin 1943. Da fari ɗan wasan ban dariya ne. Shi da abokansa biyar suka kafa ƙungiyar Monty Python cikin 1969, su rubuta wasa da hannunsu, su kuma fito su yi shi a talabijin na BBC. Cikin 1989 aka nuna tafiyar da ya yi, ya kewaye duniya kafin kwana 80 su cika, bai hau jirgin sama ba. Tun daga nan ya zama matafiyi, ya je ƙasa a ɗauki hoton tafiyar, ya komo gida ya rubuta littafi.

Har wajenmu ya zo. Cikin fim ɗinsa na Sahara, na 2002, ya sauka Agadas da Ingal, ya zauna da Bororo, ya bi ayarin raƙuman Buzaye. Cikin 2024 kuwa aka nuna zuwansa Nijeriya, har Kano, yana tsoho mai shekara 80.

To, ba shi ne Bature na farko da ya yi fim a kanmu ba. Dattawan unguwarmu, Gwallaga, sukan ba mu labarin majigi. Mota ta zo da magariba, a kafa farin ƙyalle a fili, tafinta ya riƙa bayani da Hausa. Wani ma'aikacin tsabta na Ikko, William Sellers, shi aka ba shugabancin hukumar wannan aiki cikin 1939. An amfana, ba shakka. Amma yawancin majigi umurni ne: haƙa masai, kashe ɓera, shuka auduga a layi. Ba a cika tambayar ɗan kallo abin da ya sani ba.

Palin kuwa tambaya yake yi, ya yi shiru har mutum ya ƙare magana. In ya kasa faɗin kalmar Buzanci daidai aka yi masa dariya, sai ya taya su. Ni dai a ganina wasan ban dariya ne ya koya masa wannan, gama wanda ya saba a yi masa dariya ba ya jin kunyar cewa bai sani ba. Mu malamai fa? Sau nawa mukan shiga aji kamar motar majigi?

Duk da haka baƙo raɓa ne. Kwana kaɗan yake yi a gari, ta bakin tafinta yake ji, kuma don mutanen Ingila yake yin aikinsa, ba don mu ba. Dattawan nan da suka ga majigi kullum raguwa suke yi. Saboda haka na sa 'yan ajina kowa ya ɗauki wayarsa ranar Asabar, ya sami tsoho guda a Gwallaga, ya yi masa tambaya uku, kada ya katse shi.