Littafin Da Ba A Rubuta Ba Tukuna

Akwai littafin da ya kamata a ce yana laburaren jami'a, amma ba a rubuta shi ba: nazarin al'amuran da ke zagayawa har sakamako ya koma ya zama sanadi, watau ɗan da ya haifi uwarsa. Ibn Khaldun ya taɓa gefen batun a Muƙaddimarsa ta 1377, inda ya nuna daula kan tashi da ƙarfin zumunci, daɗi ya raunana ta cikin zuriya uku, kimanin shekara 120, wata ta ture ta, ita ma ta bi sawu. Sai dai shi sarakuna ya kalla.

Marubucin wannan littafi ba sai ya je fada ba, Nasarawan Doya a ƙasar Makarfi ta ishe shi. Manomi ya ci bashin taki. Kaka na yi, mai bin bashi na bakin zaure, tilas ya kai masara kasuwa tana araha. Kafin shuka ta yi ƙwari rumbu ya ƙare, ya sayo masarar da tsada, ya tafi ƙwadago gonar wani, tasa ciyawa ta cinye. Baɗi sai wani bashin. Polly Hill ta ga irin wannan a Batagarawa, ta bayyana a 1972 cewa akwai waɗanda talauci ya hana noma. To, bashin ya jawo talaucin, ko talaucin ya jawo bashin? A nan ɗalibin da ya saba jera sanadi kafin sakamako yake cijewa, alhali sau da yawa masarar nan aka sayar aka turo shi jami'a.