Akwatin Matafiyi

Ina ɗan shekara tara yayana ya haɗa mana majigi a zauren gidanmu, can bayan hasumiyar Gobarau. Kwalin sabulu ya huda, ya ajiye fitila a ciki, ya yanko doki da mahayinsa daga takarda, ya riƙa gilma su ta gaban hasken. Da inuwarsu ta cika bango, yaran unguwa muka ɗauki sowa, har Baba ya fito da carbi a hannu. Bai daki kowa ba. Ya dai dubi bangon, ya ce, "Kai, wannan ba sana'a ba ce." Yaya ya ninke kwalinsa, bai ƙara buɗe shi ba. Da ya girma ya tafi neman kuɗi ƙetare, yau shekara goma sha ɗaya ke nan sai dai mu ji muryarsa a waya.

Sai da na shiga Jami'ar Umaru Musa 'Yar'adua na san cewa akwai wanda ya fara da irin wannan wasa, kuma ya zame masa aikin rayuwa. Sunansa Mustapha Alassane, mutumin Nijar, an haife shi a 1942. Da wasan inuwa ya soma tara jama'a, ya yi kanikanci, sannan a Yamai ya haɗu da Bafaranshen nan mai shirya fim, Jean Rouch, wanda ya buɗe masa hanya. Daga nan ya tafi Kanada, ya ga yadda Norman McLaren ke sa zane ya yi motsi. A 1966 fim ɗinsa na zane, La Mort de Gandji, ya sami lambar yabo a bikin al'adun baƙar fata na duniya da aka yi a Dakar. Ya yi aiki da Jamusawa wajen shirya Toula, ya jagoranci sashen fim a jami'ar Yamai, daga bisani ya zauna a Tawa, ƙasar Adar. Ya rasu a Wagadugu a 2015.

Fim ɗinsa da ya hana ni barci shi ne Le Retour d'un aventurier, wato dawowar matafiyi, na 1966. Wani saurayi, Jimi, ya komo ƙauyensu daga Amurka da akwati cike da kayan kaboyi: huluna, takalma, bindigogi. Ya raba wa abokansa. Kafin a ankara sun sauya suna, sun hau dawaki, sun addabi garin da ya haife su. Mutumin da ya sha zuwa ƙasashen Turawa ne ya shirya wannan labari, don haka na ɗauke shi a matsayin tambayar da yake yi wa kansa: me na ƙunso a nawa akwatin? Amsarsa tana cikin aikinsa. Dabarar da ya gani a Kanada ya kawo ta gida ya zana kwaɗi, ya naɗa ɗaya shugaban ƙasa a Bon voyage Sim, ya yi wa masu mulki ba'a irin ta tatsuniya.

Na karanta labarin wani ma, Otar Iosseliani na ƙasar Jojiya, wanda hukumomin Sobiyet suka riƙa danne finafinansa har ya koma Faransa a 1982, ya kuma zo Senegal ya ɗauki fim. Shi takura ce ta fitar da shi. Alassane kuwa ya fita ne ya koyo, ya dawo inda babu kuɗi, babu kayan aiki. Yayana fa? Har yau ban san cikin biyun wanne ya same shi ba.

Bara na sami gurbin koyon shirya fim a wata ƙasa. Mako uku takardar na cikin aljihuna. Hausawa sun ce tafiya mabuɗin ilimi, su ne kuma suka ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi, kuma duka biyun na gani a gidanmu. Ranar wata Juma'a bayan la'asar na durƙusa gaban Baba a zauren nan, na ba shi labarin mutumin Tawa daga farko har ƙarshe.

Ya ce, "Sana'ar ta ciyar da shi?"

Na ce, "Baba, sai da ya haɗa da riƙe masaukin baƙi. A ciki yake zanensa."

Ya daɗe yana jan carbi, idonsa na kan bangon da aka sha shafe wa fenti tun wancan dare. Can ya ce, "Allah ya sa alheri. Amma kafin ka tafi, kira yayanka ka faɗa masa. Ka ce ni na ce ka kira."

Da daddare na kira. Da na gama bayani Yaya ya yi shiru, har na zaci layin ya yanke. Sannan ya tambaye ni ko har yanzu ana samun irin kwalin sabulun nan a kasuwa.