Rumbu Ya Cika, Na Zubar da Iri

Kafin in shiga cikin labarina, ina roƙon malamaina da 'yan uwana ɗalibai su yi mini afuwa a kan duk kuskuren da za su ci karo da shi, domin kuwa Hausa ba a nono na sha ta ba. Ni Bayarabe ne, haifaffen Agege a Legas, kuma a bakin maƙwabtanmu masu sayar da goro na tsinci harshen tun ina ƙarami, kafin daga baya in zo jami'a in mayar da shi fagen karatuna. Abin da zan ba da labari a kai kuwa wani zai ga kamar wasan yara ne, wato na'urar wasan bidiyo, wadda samari suke kira gem. Amma a kan wannan na'ura ne na yi wa ƙanena laifin da har yau nake jin nauyinsa.

Na'urarmu PlayStation 4 ce, ta hannu, wadda kawunmu ya sayo mana a kasuwar kayan kwamfuta ta Ikeja. Kamfanin Sony ya fitar da irinta a watan Nuwamba na 2013, kuma a jikin kwalinta an rubuta cewa ma'adanarta tana ɗaukar gigabayit 500. Wannan ma'adana ni rumbu nake ce mata, domin ban sami kalmar da ta fi dacewa da ita ba: wuri ne mai iyaka da ake zuba abu a ajiye, in ya cika kuma sai an kwashe wani kafin a zuba wani. A lokacin da muke yara, a gidan gem na unguwarmu PlayStation 2 ake bugawa, wadda ta fito a 2000. Ita wasan yana kan faifai ne, abin da kawai ake ajiyewa shi ne inda mutum ya tsaya, a cikin wani ɗan katin memori mai megabayit 8. In aka yi lissafi, rumbun tamu na'urar ya ninka wannan kati sau dubu sittin da biyu da ɗari biyar. Saboda haka ranar da aka kawo ta, ni da ƙanena mun ɗauka ba za ta taɓa cika ba.

Ba a daɗe ba muka gane kurenmu. Da farko dai gigabayit 500 ɗin nan ba dukansa ne namu ba, domin manhajar da take tafiyar da na'urar ta riga ta ɗebi kasonta, abin da ya rage bai fi 400 da 'yan kai ba. Na biyu, ko da mutum yana da faifan wasa, dole sai na'urar ta kwafe shi gaba ɗaya zuwa cikin rumbu kafin a buga. Na uku, masu wasannin suna yawan aiko da gyare-gyare ta intanet, kuma kafin gyaran ya zauna sai na'urar ta nemi fili mai yawa, wani lokaci kusan girman wasan kansa, saboda sai ta sake kwafar sa. Ga kuma hotunan bidiyo da muke ɗauka duk lokacin da wani ya ci ƙwallo mai kyau, waɗanda suke taruwa a hankali ba tare da mun lura ba. Wasanni takwas ko tara kawai muka zuba, sai na'ura ta fara cewa babu wuri.

Wanda yake zaune inda intanet take da araha, wannan ba matsala ba ce a wurinsa. Ya goge wasa yau, gobe in ya so ya sake sauke shi. Mu kuwa a gidanmu da datar waya muke haɗa na'urar, kuma sauke wasa mai gigabayit 50 yana nufin kuɗin da zai ciyar da ɗalibi kwanaki, ban da zaman jira, ban da ɗauke wuta ana tsakiyar aiki. Saboda haka goge wasa a wurinmu shawara ce babba, sai an zauna an yi ciniki kamar ana rabon gado.

A shekarar 2022 malaman jami'o'i suka tafi yajin aiki tun daga watan Fabrairu har zuwa Oktoba, wata takwas ke nan, sai na koma gida na zauna. Na tarar da ƙanena cikin wani hali. Sau biyu yana rubuta jarrabawar shiga jami'a bai sami gurbi ba, abokansa duk sun tafi sun bar shi, ya zama ba ya son fita, ba ya son magana. Abu ɗaya da yake sa shi dariya shi ne wasan ƙwallon FIFA 20. A cikin wasan akwai sashen da mutum yake zama kocin ƙungiya, ya sayi 'yan wasa, ya sayar, ya reni matasa, kaka bayan kaka. Shi ya ɗauki wata ƙaramar ƙungiya daga rukuni na huɗu na gasar Ingila, ya yi ta fama da ita kusan shekara biyu, har ya kai ta gasar Firimiya, kuma a lokacin da nake magana yana kaka ta tara, ya kai wasan kusa da na ƙarshe a gasar Zakarun Turai. Yana da ɗan littafi ma da yake rubuta sunayen 'yan wasansa da yawan ƙwallayen da suka ci. Ni a lokacin dariya nake yi masa.

Wata rana a cikin watan Yuli wani abokina ya ara mini Red Dead Redemption 2, wasan da ya fito a 2018, wanda saboda girmansa a faifai biyu yake zuwa, kuma yana neman fili kimanin gigabayit 100. Mako ɗaya kacal ya ba ni. Na dawo gida ina zumuɗi, an kuma kawo wuta, ƙanena kuwa mahaifiyarmu ta aike shi kasuwa. Na zura faifai, na'ura ta ce babu wuri. Na goge wasanni biyu nawa, ba su isa ba. Maimakon in jira ya dawo mu yi shawara yadda muka saba, sai na shiga sashen rumbu ina dube-dube. A can na ga an kasa kayan gida-gida: wasanni daban, hotuna da bidiyo daban, sannan wani sashe na bayanan da aka adana. Da ɗan ƙaramin sanina na ɗauka wannan na ƙarshen tarkace ne da wasanni suke bari a baya. Ni da ƙanena da suna ɗaya muke shiga na'urar, don haka nawa da nasa duk a wuri guda suke. Na zaɓe su duka, na'ura ta tambaye ni ko na tabbata, na danna e ban ko karanta ba.

Da na duba filin da na samu, bai kai gigabayit ɗaya ba. A nan ne gabana ya faɗi. Hausawa sun ce ƙaramin sani ƙuƙumi ne, kuma ranar na ga haka da idona. Abin da ban sani ba shi ne, wasa daban, tarihin mai wasa daban. In ka goge wasan kansa, tarihinka yana nan, duk ranar da ka mayar da wasan za ka ci gaba daga inda ka tsaya. In kuwa tarihin ka goge, ya tafi ke nan, domin na'urar ba ta da kwandon shara irin na kwamfuta da za a je a tono abin da aka jefar. Hanya biyu ce kawai ta tsira: ko dai mutum ya riga ya kwafe shi a filash, ko kuma yana biyan kuɗin PlayStation Plus, wanda yake ajiye wa mutum kwafi a intanet. Mu ba mu yi ko ɗaya ba.

Da yamma ya dawo, ya ɗauki abin bugawa, ya kunna wasansa. Na ga yana shiga yana fita, yana neman ƙungiyarsa. Can ya juyo ya ce, "Egbon mi," wato yayana, "ka taɓa wani abu ne?" Na faɗa masa gaskiya. Na ɗauka zai yi faɗa, har na shirya amsa, amma bai ce komai ba. Ya ajiye abin bugawar a hankali a kan tebur, ya shiga ɗaki ya rufe ƙofa. Kwana goma sha ɗaya bai taɓa na'urar ba, tsakanina da shi kuma sai gaisuwa. Wasan da na ara kuwa, ko awa biyu ban buga ba na mayar wa mai shi.

A cikin kwanakin nan ne na je wurin wani dattijo maƙwabcinmu mai sayar da goro, wanda a shagonsa na koyi yawancin Hausata. Ya ga fuskata ya ce, "Yaro, lafiya?" Na ce, "Baba, ɓarna na yi." Na yi ta ƙoƙarin yi masa bayani da Hausa, ina lalubar kalmomi, har na faɗo a kan misalin rumbu. Da na gama, sai ya tambaye ni girman abin da na zubar. Na ce ɗan mitsitsi ne, shi ya sa ma na raina shi. Ya yi murmushi ya ce a garinsu manomi yakan ware damman da suka fi kyau ya ajiye su daban don iri, kuma ko yunwa ta yi tsanani, iri shi ne abu na ƙarshe da za a taɓa. Hatsin ci in ya ƙare ana iya sayowa a kasuwa, amma irin da mutum ya zaɓa da hannunsa shekara da shekaru, ba a samun sa a wurin kowa. Ya ce, "Kai ka bar buhuna ka zubar da iri. Je ka ka ba shi haƙuri, kada ka ce masa ai wasa ne kawai."

Wannan kalma ta ƙarshe ita ta fi shiga jikina, domin kuwa ita ce ainihin amsar da na shirya. A ganina wasa ne, amma ga yaron da duk ƙofar da ya ƙwanƙwasa ba a buɗe masa ba, wannan ƙungiya ita ce wuri ɗaya da ya yi haƙuri ya ga sakamako. Na je na same shi a ɗaki, na durƙusa duk da cewa ni ne babba, na ba shi haƙuri ba tare da kawo wani uzuri ba. Sannan na sayo ɗan filash na miƙa masa.

Tun daga lokacin muka kafa wa kanmu tsari, kuma zan kawo shi ko zai amfani wani. Duk ƙarshen wata muna kwafe tarihin wasanninmu a filash, aikin da ba ya cin minti biyar. Kowa ya buɗe sunansa daban a na'urar, ta yadda hannun wani ba zai kai ga kayan wani ba. In rumbu ya cika, bidiyon ƙwallaye muke fara kwashewa zuwa kwamfuta, sannan wasannin da muke da faifansu, domin mayar da su ba ya cin data sai ta gyare-gyare. Wasan da aka saya ta intanet shi ne na ƙarshen gogewa. Akwai ma abin da in ya fita ba ya dawowa, kamar wani ɗan wasan gwaji mai suna P.T. da aka janye daga kasuwar PlayStation a 2015, wanda duk wanda ya goge nasa bai sake samun damar sauke shi ba. Daga baya kuma muka tara kuɗi muka sayi rumbun waje da ake jonawa ta USB, abin da na'urar ta fara karɓa tun 2017, daga mai gigabayit 250 har zuwa terabayit 8. Sai dai a lura, wasanni kawai yake ɗauka, tarihin mai wasa yana nan a cikin na'ura.

Kada kuma wani ya ɗauka sabuwar na'ura ta kawar da wannan damuwa. PlayStation 5 da ta fito a 2020 ta zo da gigabayit 825, amma kimanin 667 ne kawai mai ita zai iya amfani da su, ga shi wasanni sai ƙara girma suke yi. Bugu da ƙari, tarihin wasanninta ba ya kwafuwa a filash shi kaɗai yadda muke yi a tamu, sai dai a ajiye shi a intanet. Duk girman da rumbu ya yi, wata rana zai cika, kuma ranar sai mutum ya zaɓi abin da zai fitar.

Ƙanena ya sake ɗaukar wata ƙaramar ƙungiya ya fara daga tushe, amma ya faɗa mini cewa ba ta yi masa daɗi kamar ta farko ba. A shekarar da ta biyo baya ya sami gurbin karatu, ya tafi. Ranar da nake taya shi haɗa kaya na ga ɗan littafin nan na sunayen 'yan wasansa a ƙasan akwati, tare da filash ɗin da na saya masa. Ban ce masa komai ba, shi ma bai ce ba.

Ya 'yan uwana ɗalibai, yawancinmu muna da waya ko kwamfuta da take yawan yi mana kukan ta cika. A ciki akwai finafinai masu nauyi da za a iya samu a ko'ina, akwai kuma ɗan ƙaramin fayil na kundin digiri, ko muryar wani tsoho da muka ɗauka a wurin bincike, wanda wataƙila ba za mu sake samun sa da rai ba. Kafin mu danna goge, mu tambayi kanmu wanne ne hatsi, wanne ne iri, in kuma kayan ba namu ne mu kaɗai ba, mu jira mai shi ya dawo daga kasuwa. A nan zan dasa aya, sai wani jiƙon.