Ghali, Alu, Aliyu: Nauyin da Ke Cikin Sunan

A Timia ba kasafai za ka ji an kira yaro Aliyu ba. Ghali za ka ji, ko Aghali, kuma duk suna ɗaya ne. Harshenmu na Tamajak ba shi da harafin ainun na Larabci, sai kakanninmu suka maye gurbinsa da wanda maƙogwaronsu ya saba da shi. Ta haka Usman ya koma Ghusman, Umar ya koma Ghumar, Isa ya koma Ghisa. Duk wanda ya taɓa jin sunan Aghali Alambo ko Rhissa Ag Boula a labarun rediyo, Aliyu da Isa ya ji, sai dai sun sha rawanin Abzin. Hausawa kuwa suka bi da sunan tasu hanyar: Ali, Aliyu, Alu, ga kuma Garga da Haidar da Gadanga ga mai jin nauyin kama sunan kai tsaye. A kasuwar Kurmi ta Kano an sha ɗaukar Ghalinmu a matsayin wani sunan Larabci daban mai nufin abu mai tsada. Ba shi ba ne. Namu na Sayyadina Ali ne, ɗan Abu Ɗalib, Allah ya ƙara masa yarda.

Ma'anarsa ba ɓoyayya ba ce: maɗaukaki, wanda yake sama. Al-Aliyyu yana cikin kyawawan sunayen Allah, shi ya sa malamanmu suke jan kunne cewa ɗaukaka ta haƙiƙa tasa ce shi kaɗai, ta bawa kuwa aro ce. Sunan ya daɗe a ƙasashenmu. Sarkin Kano da Wangarawa suka iske a kan gado, wanda ya karɓi Musulunci a hannunsu, Ali Yaji ne, ya yi mulki daga 1349 zuwa 1385. Songhai ta yi Sonni Ali, Borno ta yi Mai Ali Gaji wanda ya kafa Birnin Gazargamu. A Sakkwato an yi Aliyu Jedo, sarkin yaƙin Shehu, aka yi Sarkin Musulmi Aliyu Babba ɗan Bello daga 1842 zuwa 1859. Kano ta sake yin Sarki Alu, wanda Turawa suka ci birnin a zamaninsa a 1903. Mu a Nijar mun ga Janar Ali Saibou, da ya karɓi mulki a 1987 bayan rasuwar Seyni Kountché.

Dubi jerin nan da kyau, akasarinsu mazajen fama ne. Abin da mutane suka riƙe a game da sunan ke nan. Ka tambayi uba me ya sa ya zaɓa wa ɗansa Aliyu, zai ce maka zaki ne, zai ambaci takobin Zulfikar, zai kawo labarin yaƙin Handaƙ da na Haibara. Duk gaskiya ne, kuma mahaifiyar Sayyadina Ali ma, Fatima 'yar Asad, Haidar ta fara kiransa, wato zaki. Mu Abzinawa da muka tashi muna ganin takobi a kafaɗar iyayenmu, wannan ɓangaren ya fi saurin shiga zuciyarmu. Amma na haura shekara saba'in a duniya, rabinsu a bayan raƙumi, rabinsu a bakin rijiyar garka, kuma abin da na gani shi ne ba jarumtar takobi ce ta riƙe garinmu ba. Kakannina sun ba ni labarin yaƙin Kawsan, wanda ya yi wa Faransawa ƙawanya a Agadas daga Disamban 1916 zuwa Maris na 1917. Jaruntaka kam an yi ta. Abin da ya biyo baya shi ne kisan malamai a Agadas, da kwashe raƙuma, da korar mutane daga duwatsu, har Abzin ta yi shekaru kamar kufai. Waɗanda suka dawo suka sake tayar da Timia, da guga da fartanya da akalar raƙumi suka yi aikin.

To, akwai wani Aliyun a cikin tarihin mutum ɗayan nan, wanda ba a cika ba yara labarinsa ba, kuma shi nake so in tsaya a kansa.

Daren da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, zai yi hijira daga Makka a shekarar 622, Ali ne ya kwanta a shimfiɗarsa ya lulluɓa da mayafinsa, alhali masu neman kisa suna kewaye da gidan. Kowa ya san wannan. Abin da ake tsallakewa shi ne aikin da aka bar masa. Mutanen Makka, har da waɗanda ke gaba da Annabi, a wurinsa suke ajiye dukiyarsu saboda sun san ba ya cin amana. Sai aka bar Ali, saurayi ɗan shekara ashirin da 'yan kai, ya zauna kwana uku a garin da ke farautar danginsa, yana bi gida gida yana mayar wa kowa ajiyarsa. Da ya gama, ya kama hanyar Madina a ƙasa, tafiyar fiye da kilomita 400, ya isa Ƙuba ƙafafunsa sun kumbura sun tsage. Bai zare takobi a kan kowa ba a wannan tafiyar. Kayan mutane ya mayar musu, maƙiyinsa da masoyinsa.

Ɗan ayari ba ya buƙatar a yi masa bayanin wannan. Idan kaka ta yi, wajen watan Oktoba, mazajen Timia sukan ɗaure kaya su nufi Bilma ta cikin Tenere, su ratsa ta rijiyar Ashagur, tafiya da dawowa fiye da wata guda. Ba kayanka kaɗai kake ɗauka ba. Gwauruwa ta ba ka cukunta da 'yar hatsinta, tsoho ya ba ka raƙuminsa, maƙwabci ya damƙa maka kuɗinsa, kowa da adadin kantun gishiri da dabinon da yake sa rai. Ba takarda, ba sa hannu, ba shaida sai Allah. Daga nan kuma a juya kudu da gishirin, Damagaram, Tasawa, Katsina, Kano, a sayar a sayo gero da tufafi, sai bayan watanni a dawo gida. A duk tsawon wannan lokaci dukiyar mutane tana hannunka, kai kaɗai ka san nawa aka saya, nawa aka sayar. Akwai kuma wani abu da baƙo kan yi mamakinsa. Da yake babu kiwo a Tenere, damman ciyawa muke ɗora wa raƙuma, mu riƙa ajiye wasu a hanya saboda dawowa. Suna nan a fili bisa rairayi, wani ayarin zai wuce ta gefensu raƙumansa na jin yunwa, amma ba ya taɓawa, don ya san wanda ya ɗauki damin wani ya kashe masa raƙumi, wanda ya kashe raƙumi a can kuwa ya kusa kashe mai shi.

Kawuna, ƙanin mahaifiyata, wanda na fara bi zuwa Bilma, mai wannan suna ne. Ban taɓa ganin ya ɗaga murya a kan mutum ba. Wata shekara raƙumin wata tsohuwa da aka haɗa mu da shi ya faɗi a hanyar dawowa, bai tashi ba. Bisa al'ada ba wanda zai tuhume shi, asarar hanya ce. Sai ya sauke wani ɓangare na nasa gishirin ya bar shi a nan, ya ɗora na tsohuwar a kan raƙuminsa. Na ce, "Kawu, naka fa?" Ya ce, "Ɗana, nawa in ya ɓata ni kaɗai zan yi wa bayani." Iyakar abin da ya faɗa ke nan, muka ci gaba da tafiya. Shekara da shekaru bayan rasuwarsa, mata a garinmu idan za su ba wani saƙo sukan yi addu'ar Allah ya sa ya yi hali irin nasa.

Sai maganar rijiya. Ya zo a cikin ruwayoyi cewa yunwa ta taɓa kama Ali a Madina, ya fita ya yi ƙodago a gonar wani mutum, yana jan ruwa, kowane guga a ba shi dabino ɗaya. Surukin Annabi ne fa, mijin Nana Faɗima, uban Hasan da Husaini, amma bai ga ƙasƙanci a igiyar guga ba. Daga baya ya haƙa rijiyoyi a yankin Yanbu, ya dasa dabino, ya mayar da su waƙafi. Duk wanda ya zo Timia, tafiyar fiye da kilomita 200 daga Agadas cikin duwatsu, ya ga lemu da rumman da inabi da alkama suna tsiro a gefen ƙorama, ya sani ba sama ce ta zubo su ba. Tun asuba yaro ke jan raƙumi ko sa, ya je ya dawo, wasaki ya hau ya zubar, uba yana can yana buɗe wa ruwa hanya daga fangali zuwa fangali. Yau injin ban ruwa ya rage wahalar a garake da yawa, na kuma gode wa Allah da hakan, don na san abin da igiya ke yi wa tafin hannu. Abin da ke damuna shi ne saurayi ya ɗauki aikin garka a matsayin abin kunya, alhali wanda aka sa masa sunansa ya yi irinsa a bakin dabino ɗaya.

Ko zaman Ali a gidan Annabi ma fari ne sanadinsa. Makka ta shiga ƙunci, Abu Ɗalib ga iyali da yawa ga ƙarancin abin hannu, sai Annabi da baffansa Abbas suka je suka rage masa nauyi. Abbas ya ɗauki Ja'afar, Annabi ya ɗauki Ali. Ɗan riƙo ne, kuma riƙon ne ya sa ya zama yaro na farko da ya karɓi Musulunci. Mu mun san wannan hali. Farin 1973 ya cinye mana dabbobi, na 1984 ya fi shi tsanani, ga shi a watan Afrilun shekarar Najeriya ta rufe iyakokinta ta canza kuɗinta, hanyar Kano da muke samo gero ta toshe. Bajamushen nan Gerd Spittler, wanda ya daɗe yana zama a cikinmu, ya rubuta littafi guda a kan yadda mutanen Timia suka yi da yunwar. Ni abin da na riƙe shi ne gidajen da suka karɓi 'ya'yan dangi alhali tukunyarsu ba ta ishe su ba, da matan da suka yi ta bin duwatsu da awaki suna tsinto 'ya'yan itatuwa, ba su yarda wani ya ji kukansu ba. Yaran da aka riƙa a wancan lokaci su ne magidantan garin yau.

Akwai laƙabin da ya fi kowane soyuwa a wurin Ali, kuma ba Haidar ba ne. Wata rana Annabi ya iske shi yana barci a masallaci, mayafinsa ya zame, ƙura ta manne a bayansa. Ya riƙa kakkaɓe masa, ya kira shi Abu Turab, ma'abocin turɓaya. Mai sunan ɗaukaka, ga abin da ya fi so a kira shi da shi. Ya zama halifa na huɗu a shekarar 656, a lokacin fitina, bai canza tufafinsa ba, bai canza abincinsa ba. Da Ibn Muljam ya sare shi a masallacin Kufa da asubahin wata rana cikin Ramadan na shekara ta 40 bayan hijira, wato 661, wasiyyarsa ita ce a ciyar da mutumin, a kyautata tsaronsa, kada a wuce haddi a kansa, kada kuma a taɓa wani saboda laifinsa. Na ga tawaye sau biyu a ƙasar nan, na farkon da aka rufe da yarjejeniyar Afrilun 1995, da na 2007 zuwa 2009. Na ga masu ƙarfin halin ɗaukar bindiga da yawa. Masu ƙarfin halin hana ramuwa a kan wanda bai ji ba bai gani ba, su ne 'yan kaɗan, kuma da su aka samu zaman lafiya.

A al'adarmu, daren jajiberin suna tsofaffin mata sukan taru su ba jariri wani suna na gida da harshenmu. Da safe a yanka rago, a yi wa yaro aski, malam ya raɗa masa sunan littafi, a yi fatiha a watse. Gidaje da yawa sukan bi sahabbai huɗu a jere, Abubakar, Ghumar, Ghusman, Ghali, idan kuma Allah ya kawo tagwaye ga Alhasan da Alhusaini. Al'ada ce mai kyau. Giɓin da ke cikinta shi ne daga ranar nan ba mai sake zama da yaron ya gaya masa wane ne mai sunan. Ya girma ya ji ana yi masa kirarin zaki, ya ɗauka ɗaukaka ita ce a ji tsoronsa, ko ya tara da sauri. Tun da aka gano zinariya a Jado da Cibarakaten a 2014, samarinmu da yawa sun tafi. Wasu sun dawo da mota, wasu sun dawo hannu rabbana, wasu ba su dawo ba. Ban hana kowa neman halalinsa ba, mu ma nesa muka je nema. Sai dai yanzu nakan ji ƙarar da ban saba ji ba a ƙuruciyata: an haɗa jari an tafi, ɗaya ya samu ya ɓoye wa abokansa, ko an ba mutum saƙon kuɗi zuwa ga uwar wani ya ce sun faɗi a hanya.

Roƙona ga malaman da ke raɗa suna, daga Timia da Iferwan har Maraɗi da Zariya: kada ku tsaya ga fatiha da rabon goro. Ku ɗauki ɗan lokaci a gaban jama'a ku faɗi labarin kwana ukun nan na Makka. Ku kuma iyaye, ranar da Aliyunku ya isa aike, ku ba shi saƙon wani ya kai, in ya dawo ku tambaye shi ko ya damƙa shi hannu da hannu.